Idan Shari'ar Aure ko Riƙon Yara Ta Tsaya Cak, Kotun Sama Za Ta Iya Sa Baki?

Doka ta san jinkiri a matsayin zalunci kuwa?

Ƙwarai. Sashe na 36(1) na kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya ce duk mai shari'a yana da haƙƙin a saurare shi cikin lokacin da ya dace. A shari'ar iyali wannan ba ƙaramin abu ba ne. Matar da ta nemi khul'i aka yi ta ɗage zama tana nan rataye, ba ta da aure, ba ta da damar yin wani. Uwar da ke jiran kuɗin ciyarwa kuwa ba za ta ce wa yara su haƙura da yunwa har alƙali ya zauna ba.

To, ina ake fara kai kuka?

Kafin a je ko'ina, a nemi rajistaran kotun ya ba da kwafin bayanan zama. A nan ake ganin ranakun da aka ɗage da kuma wanda ya jawo. Sau da yawa miji ne ke ƙin amsa sammaci, ko lauya ya yi ta neman uzuri. Idan haka ne, sai a roƙi alƙalin ya gaggauta sauraro. Idan kuma kotun ce ta yi sakaci, a rubuta takardar koke, a haɗa da kwafin nan. Shari'ar da ke kotun Musulunci, kokenta na zuwa ofishin Alƙalin Alƙalai, wato shugaban Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'ar Musulunci ta jiha, domin sashe na 277 na kundin tsarin mulkin ya ba wannan kotu ikon sa ido a kan lamuran aure, riƙon yara da gado. Ta majistare kuwa, Babban Jojin Jiha ake rubuta wa. Ana iya roƙon a mayar da shari'ar gaban wani alƙali, amma a sani, hakan kan sa a sake faro sauraro daga tushe.

Idan koke bai yi aiki ba fa?

Sai a nemi Babbar Kotun Jiha ta ba da umarnin da lauyoyi ke kira mandamus, wanda ke tilasta wa ƙaramar kotu yin aikin da doka ta ɗora mata. Sai an fara samun izinin kotu, kuma aiki ne na lauya. Wanda ba shi da hali ya tuntuɓi Hukumar Ba da Agajin Shari'a ko ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA.

Kotun saman za ta raba auren ko ta ba ni yarana?

A'a. Iyakarta ta umarci alƙali ya saurara ya yanke hukunci. Yadda hukuncin zai kasance yana hannunsa, kuma wanda bai gamsu ba sai ya ɗaukaka ƙara bayan an yanke.