Ma'anar "cantinflear": dogon jawabi ba tare da an faɗi komai ba

A Meziko, idan 'yan jarida suka titsiye minista ya yi ta kwana-kwana har lokaci ya ƙare, sai a ce yana cantinflear. Ƙamus na hukumar harshen Sifaniyanci da ke Madrid ya karɓi kalmar a 1992.

Tushenta Cantinflas ne, sunan wasa na Mario Moreno, ɗan wasan barkwanci na Meziko wanda ya rasu a 1993. Ya goge a rumfunan tanti na unguwannin talakawan birnin Meziko, inda 'yan kallo ke yi wa ɗan wasa ihu in ya gundure su. A 1939 da 1940 ya fito a gajerun finafinan kamfanin Posa Films, wasunsu ma tallar batir da lemon kwalba ne, yana ɗan talaka mai wando a zazzage, ga baki kamar na lauya.

Salon yana da tsari, ba soki-burutsu ba ne zalla. Ana buɗe jimla da muryar mai shirin yanke hukunci, sai a sake ta kafin a kai ga batun. A jefo kalmar kotu ko ta majalisa inda ba wurinta ba, a ɗaure da "wato", "saboda haka", "kamar yadda na faɗa", alhali ba a faɗi komai ba. Sannan a rufe da tabbaci, a juya wa mai tambaya tambayarsa. Dole a gaban mai maganar a sami alƙali, ɗan sanda ko attajiri mai ɗaure fuska yana ƙoƙarin fahimta. Ruɗewar wannan ce abin dariyar.

Masu kwaikwayo nan suke faɗuwa. In kalmomin suka watse gaba ɗaya, ya zama sambatu. In an rage sauri, mai sauraro zai gano ramin tun kafin a tsallake shi.

Shaguɓensa na siyasa kuwa galibi ba ya kama suna, shi ya sa da wuya a riƙe shi da laifi. A 1937 shugaban ƙwadago Vicente Lombardo Toledano ya ce wa abokin hamayyarsa Luis Morones in muhawara yake so ya je ya yi da Cantinflas. Ɗan wasan ya mayar da martani da jawabi irin na shugabannin ƙwadagon, ya haɗa su biyun ya yi musu ba'a.