Kan sarki: mene ne shi, kuma yaya ake buga shi idan yaƙi ya ɓarke?

Kan sarki shi ne 'yar guntuwar takardar nan mai haƙora a gefe da ake lasa a manna a jikin ambulan, shaidar an biya kuɗin kai wasiƙa. Yaran da suka taso da WhatsApp da wuya su san shi, sai dai ko sun gani a jikin rasit. Ingila ce ta fara fitar da shi a 1840 da hoton kan Sarauniya Victoria, kuma wanda Turawan mulkin mallaka suka kawo mana ma kan sarkinsu ne a jiki. Nan sunan ya samo asali.

Lokacin zaman lafiya aiki ne na manyan kamfanonin ɗab'i: a sassaƙa hoton a ƙarfe, a buga da yawa a faffaɗar takarda, a shafa mata gam na ƙaro a baya, a huda layukan yagewa. Da yaƙi ya zo sai a koma lallaɓawa. A Disambar 1940 bama-baman Jamus suka ƙone ma'aikatar De La Rue, kamfanin buga kan sarki, a Landan, a 1941 kuma Ingila ta kodar da launin kan sarkinta don tsimin tawada.

Dabarar da ta fi ban sha'awa ita ce amfani da kayan abokin gaba. Kan sarkin Jamusawa a Kamaru, da suke mulka kafin Yaƙin Duniya na Ɗaya, ba kan kowa a jiki, hoton jirgin ruwan sarkinsu ne. Da sojojin Ingila suka kwace su, ba su zubar ba. A 1915 suka buga haruffan C.E.F. (taƙaitaccen sunan rundunar da aka tura Kamaru) da farashi a kuɗin Ingila a saman jirgin, aka ci gaba da sayarwa. Arha ce, kuma duk wanda ya karɓi wasiƙa ya san wa ke riƙe da gari yanzu.

A Mafeking ta Afirka ta Kudu kuwa, da aka yi wa ƙawanya daga 1899 zuwa 1900, dabarar wanke hoto aka bi, suka fito shuɗaye. Na kwabo uku kan Kanar Baden-Powell, kwamandan sojojin Ingila a garin, ne a jiki, na kwabo ɗaya kuma wani yaro ɗan aike a kan keke.