Waiwaye: Daren da littafin Bitcoin ya rabu biyu, da asalin gardamar cunkoso da tsadar caji

Tun da harkar kirifto ta kama bakin matasa a Zariya, musamman bayan guguwar mainin ta waya da ta kaɗa a shekarar 2024, akwai wata gardama da take yawan tasowa a majalisun Samaru da Kongo da Tudun Wada, har da shagunan masu gyaran waya na PZ. Wasu suna ganin Bitcoin ya gaza, domin kuɗin da aka ce na kowa da kowa ne bai dace a jira minti goma ko awa guda kafin ya tabbata ba, kuma bai dace cajin turawa ya kai kuɗin cefanen gida a ranar cunkoso ba. Wasu kuma suna cewa da gangan aka bar hanyar da ƙunci, kuma ƙuncin nan shi ne kariyarta. Duk inda aka zagaya, tambaya ɗaya ake dawowa kanta: me ya hana a faɗaɗa shi, tunda manhaja ce kawai, kuma mutane ne suka rubuta ta? Amsar tana cikin tarihin manhajar da ke riƙe da tsarin, kuma tarihin ya girmi shigowar yawancinmu harkar da shekaru masu yawa.

Bitcoin littafin lissafi ne da babu wanda ke riƙe da shi shi kaɗai. Dubban kwamfutoci a faɗin duniya, waɗanda ake kira nod, kowace tana ajiye kwafinta, kuma kowace tana duba duk cinikin da aka shigar da kanta kafin ta amince da shi. Abin ya yi kama da adashin da babu uwar adashi, inda kowace mai zubi take riƙe da nata littafin, kuma dole littattafan su zo daidai layi bisa layi. Kusan kowane minti goma mahaƙa, wato masu na'urorin da ke gasar rubuta sabon shafi a littafin don samun ladan Bitcoin, suna tara cinikayya su ɗaure ta a bulok ɗaya, su liƙa shi a jikin na baya. Idan bulok ya saɓa wa ƙa'ida ko da a abu ɗaya ne, nod za ta yi watsi da shi da duk abin da aka gina a kansa.

Farkon labarin sananne ne. Satoshi Nakamoto, wanda ya ƙirƙiro Bitcoin, ya fitar da takardar bayanin tsarin ranar 31 ga Oktoba, 2008, aka haƙo bulok na farko ranar 3 ga Janairu, 2009, sannan manhajar farko ta fito bayan 'yan kwanaki, tana aiki a kan Windows kaɗai. Martanin farko da takardar ta samu ma a kan girma ne: wani masani ya nuna shakkar cewa tsarin zai iya ɗaukar jama'a masu yawa, Satoshi kuwa ya amsa da cewa nan gaba manyan na'urori na ƙwararru ne za su ɗauki nauyin. A shekarar 2010 aka sanya wa bulok iyakar megabait ɗaya. A watan Agusta na shekarar, wani kuskure a lissafin manhajar ya ba da damar ƙirƙirar Bitcoin sama da biliyan 184 a bulok mai lamba 74638, aka toshe ɓarakar cikin sa'o'i kaɗan, aka yi watsi da bulok ɗin. Waɗannan duka an sha ba da labarinsu. Abin da ba a cika tsayawa a kansa ba shi ne watan Maris na 2013, kuma a ganina a can ne aka dasa yawancin abin da ake gardama a kansa yau.

Zuwa ƙarshen 2012, littafin bai kai gigabait goma ba, amma kafa sabuwar nod ya riga ya zama wahala. Manhajar tana amfani da wani rumbun bayanai na aro mai suna Berkeley DB, kuma yadda aka tsara ajiyar ya sa kwamfuta tana yawan komawa faifai don neman tsofaffin bayanai, har mai ƙaramar na'ura ya kwashe kwanaki bai kamo sahu ba. Don magance wannan, masu rubuta manhajar suka sake fasalin ajiyar gaba ɗaya. Ɗaya daga cikinsu, Pieter Wuille, ya jagoranci aikin ware jerin kuɗaɗen da ba a kashe ba a wuri guda, aka kuma koma wani rumbun mai suna LevelDB. Sigar 0.8 da ta fito a watan Fabrairun 2013 ita ce ta zo da wannan gyara, kuma saurinta ya sa manyan mahaƙa suka rungume ta nan da nan, alhali 'yan kasuwa da dama da masu amfani na yau da kullum suna kan sigar 0.7 da waɗanda suka gabace ta. Babu wanda ya ɗauki wannan a matsayin haɗari, domin a rubuce babu wata ƙa'ida da aka taɓa; wurin ajiya kawai aka sauya.

A daidai wannan lokaci cinikayya tana ƙaruwa. Yawancin mahaƙa sun saba tsayar da bulok ɗinsu a kilobait 250, wanda shi ne abin da manhajar ta zo da shi, ko da yake ƙa'ida ta yarda da megabait ɗaya. Da cunkoso ya fara matsawa a farkon Maris, wasu suka ɗaga wannan iyaka tasu. Daren Litinin 11 ga Maris, wani mahaƙi mai sigar 0.8 ya fitar da bulok mai lamba 225430, girmansa ya kusa megabait ɗaya, kuma ya taɓo tsofaffin cinikayya masu yawa fiye da duk wani bulok da aka taɓa gani. Bisa duk ƙa'idojin da aka sani, bulok ɗin lafiyayye ne. Sabbin nod suka karɓe shi, tsofaffi da yawa suka ƙi shi.

Dalilin ƙin ya cancanci a tsaya a kansa. Berkeley DB yana sanya kulle a kan kowane sashe na bayanai da yake gyarawa, don kada aiki biyu su ci karo, kuma a cikin manhajar Bitcoin an ƙayyade yawan waɗannan kulle-kulle a 10,000. Lamba ce da aka rubuta tun da wuri, lokacin da bulok ba ya ɗauke da komai sai cinikayya 'yan ƙalilan, aka kuma manta da ita. Bulok na 225430 ya buƙaci fiye da haka, rumbun ya kasa kammala aikin, manhajar kuwa ta fassara kasawar a matsayin cewa bulok ɗin ne ba shi da inganci. Ma'ana, tun shekarun farko akwai wata iyaka ta biyu da ke aiki a ɓoye ƙarƙashin iyakar megabait ɗaya, ba a rubuta ta a takardar Satoshi ba, ba a tattauna ta ba, kuma su kansu masu kula da manhajar ba su san tana nan ba. Abin da ya fi tayar da hankali shi ne, yawan kullen da bulok zai ci ya danganta da yadda bayanai suka kwanta a faifan kowace kwamfuta, don haka nod biyu masu siga ɗaya suna iya saɓawa a kan bulok ɗaya.

Nan take littafin ya dare gida biyu. Mahaƙan 0.8, waɗanda suka fi ƙarfin haƙa, suna ta gini a kan sabon reshe, masu tsohuwar siga kuma suna gini a kan nasu. Wanda aka tura wa kuɗi a wannan dare yana iya ganin sun tabbata a reshe ɗaya alhali a ɗayan ba su motsa ba. Babbar kasuwar musaya ta wancan lokaci ta dakatar da karɓar ajiyar Bitcoin, farashi ya faɗi ƙasa da dala 40 daga kusan dala 48, aka kuma aika saƙon gargaɗi ta cikin manhajar zuwa ga masu nod.

Shawarar da aka yanke a daren ita ce zuciyar lamarin. A ƙa'idar da kowa ya haddace, reshen da ya fi tsawo shi ne gaskiya, kuma sabon reshe ne ya fi tsawo. Amma masu rubuta manhajar da masu tafiyar da manyan gungun mahaƙa, wato mahaƙan da suka haɗa ƙarfin na'urorinsu wuri guda, sun lura da wani bambanci: sabuwar siga tana iya karɓar tsohon reshe idan ya wuce gaba, tsohuwar siga kuwa ba za ta taɓa karɓar sabon reshe ba komai tsawonsa. Idan aka tsaya a kan sabon, sai kowane ɗan kasuwa da kowane mai nod a duniya ya sabunta manhajarsa cikin dare ɗaya, in ba haka ba a bar shi a baya yana lissafi da littafin da ba na jama'a ba. Idan kuma aka koma tsohon, mutane ƙalilan ne za su yi aikin. Sai manyan gungu suka mayar da na'urorinsu sigar 0.7, tsohon reshe ya fara cim ma sabon har ya wuce shi, sabbin nod suka dawo kansa da kansu. An yi watsi da bulok 24, ladan kowane Bitcoin 25, wato Bitcoin 600 ke nan mahaƙa suka haƙura da su. A tsakanin nan an samu wanda ya kashe kuɗi ɗaya sau biyu, na kimanin dala dubu goma, abin da aka gina tsarin gaba ɗaya don hanawa.

Gyaran da ya biyo baya an yi shi a hankali. Sigar 0.8.1 ta kwaikwayi tsohuwar iyakar na ɗan lokaci, tana ƙin bulok da ya taɓo cinikayya fiye da 4,500, aka kuma ba masu tsohuwar siga wa'adi zuwa 15 ga Mayu su sabunta ko su ɗaga yawan kullen da hannu. Ranar 16 ga Agusta, 2013 aka samu bulok ɗin da ya yanke duk wanda bai gyara ba. Gavin Andresen, ɗaya daga cikin masu kula da manhajar a lokacin, ya rubuta bayanin abin da ya faru a takardar da ake kira BIP 50.

Darasi biyu aka ɗauka daga wannan dare, kuma ba su jitu da juna ba. Na farko, ƙa'idar Bitcoin ita ce duk abin da manhajar take aikatawa, har da kura-kuranta da halayen kayan aron da ke cikinta. Wannan ya haifar da tsoron duk wani sauyi da zai tilasta wa kowa sabuntawa lokaci guda, ya kuma sa aka fara kaffa-kaffa da manhajojin aro. A 2015 aka tsaurara yadda ake rubuta sa hannun ciniki, wato shaidar da ke nuna mai kuɗin ne ya tura su, bayan an gano cewa OpenSSL, manhajar aron da ke tantance sa hannun, yana iya karanta wasu sa hannun daban a kwamfutoci daban, a 2016 kuma sigar 0.12 ta koma tantance sa hannu da libsecp256k1, wanda masu Bitcoin suka rubuta da kansu. Na biyu kuwa ya fi ɗaci: an tsira ne saboda ƙarfin haƙa ya taru a hannun mutane kaɗan da za a iya samu cikin dare. Masu son a faɗaɗa bulok sun kafa hujja da watan Agustan 2013, cewa an cire wata iyaka da wa'adi kuma duniya ba ta tashi ba. Masu adawa sun kafa hujja da watan Maris, cewa bulok da bai ma kai megabait ɗaya ba ya raba littafin, kuma idan nod ta yi nauyin da talaka ba zai iya ɗauka ba, masu yanke hukunci za su ƙara raguwa.

Rikicin da aka yi daga 2015 zuwa 2017 ci gaban wannan saɓani ne. Ranar 1 ga Agusta, 2017 wani ɓangare ya ɓalle ya kafa Bitcoin Cash da bulok na megabait takwas, a ƙarshen watan kuma SegWit ya fara aiki a Bitcoin, gyaran da ya ƙara yawan cinikin da bulok zai iya ɗauka, wanda aka tsara shi yadda tsofaffin nod za su ci gaba da bin littafin ba tare da an tilasta musu sabuntawa ba. A watan Disamba na shekarar matsakaicin caji ya haura dala 50, a 2023 da 2024 ma an sake ganin cunkoso mai tsanani. Lightning, wanda ke kwashe ƙananan biyan kuɗi daga kan babban littafin, ya fara aiki a 2018.

Mu da muke Zariya muna da dalilin duba wannan lissafi da kyau. Ana haƙo kimanin bulok 144 a rana, don haka bulok na megabait ɗaya yana ƙara wa littafin kusan gigabait 52 a shekara, na megabait takwas kuwa, idan yana cika, ya haura 400. Yanzu littafin ya wuce gigabait 600. Tun sigar 0.11 ta 2015 mutum yana iya share tsofaffin bulok bayan tantancewa don ya rage wurin ajiya, amma sai ya sauke su duka ya duba su tukuna, kuma kuɗin data ba ya raguwa. A wani shagon gyaran kwamfuta da ke Samaru na ga tsohuwar laftof a kan benci, an jingina ta da bulo biyu don iska ta shiga ƙarƙashinta, allonta yana nuna cewa saura shekaru kaza da makonni kaza ta kamo sahu. Batirinta ya mutu, aka kuma ɗauke wuta kafin a tayar da janareta. Da aka kunna ta, manhajar ta ce rumbun bayanan ya lalace, ko ana so a sake gina shi. Yaron shagon ya dubi maigidansa ya ce, “Oga, ai sai mun koma baya ke nan.” Haka kuwa aka yi.

Saboda irin wannan ne kusan duk masu harkar a garin nan suke dogara da walat ta waya ko kasuwar musaya, wato suna karanta littafin ne ta idon nod ɗin wani. Tun daga umarnin Babban Bankin Najeriya na Fabrairun 2021 da ya hana bankuna hulɗa da kirifto, zuwa sassaucin Disamban 2023, hankalin jama'a ya fi karkata ga farashi da hanyar cire kuɗi, batun wanda ke tantancewa kuwa bai samu masu magana ba. Idan aka faɗaɗa bulok, cajin da ɗalibin Kongo yake kuka da shi zai sauka, amma laftof irin ta shagon Samaru za ta fita daga lissafi gaba ɗaya. Idan aka bar shi yadda yake, ƙofar tantancewa tana nan a buɗe ga mai sola da intanet mai ƙarfi, ƙananan masu turawa kuma za su ci gaba da komawa Lightning da wasu tsare-tsaren da suka fi araha, waɗanda kowannensu yana da nasa wanda ake dogara da shi.