Haske a Fasahar Sassaƙa da Fim

Fasahar haske wani reshe ne na fasahar zamani inda ake sarrafa haske kansa, kamar yadda masassaƙi ke sarrafa itace ko dutse. A da, aikin haske bai wuce ya bayyana abin da aka sassaƙa ba. Da wutar lantarki ta yaɗu a farkon ƙarni na 20, sai aka samu damar juya shi da sauya masa launi, har ya zama shi ne abin kallon.

A 1922, Thomas Wilfred, haifaffen Denmak, ya nuna na'urarsa Clavilux a New York. Ana taɓa ta kamar kayan kiɗa, amma launuka take fitarwa, babu sauti. Wanda ya fi shi tasiri shi ne László Moholy-Nagy ɗan Hungari, da ya koyar a makarantar Bauhaus ta Jamus daga 1923 zuwa 1928. A 1930 ya kammala wata na'ura ta ƙarfe da gilashi mai faifai masu huji, wadda inji ke juyawa. Da fitilu sun haska ta, inuwoyi su dinga kewaya bangon ɗaki. A shekarar kuma ya ɗauke ta a wani gajeren fim, wanda za a iya cewa ya fi na'urar nuna manufarta.

Masu fim marar labari sun bi tasu hanyar. A 1923 Man Ray ya barbaɗa gishiri da allurai a kan zaren fim, ya haska shi ba tare da kyamara ba. Len Lye kuwa, a 1935, fenti ya shafa kai tsaye a kan zaren.

Aikin da ya haɗa fagagen biyu, wato sassaƙa da fim, shi ne "Line Describing a Cone" na Anthony McCall, na 1973. Majigi na zana da'ira a bango sannu a hankali cikin minti 30, amma ba bangon ake kallo ba. Hasken da ke ratsa iska ne ke zama siffar mazurari, 'yan kallo su kewaya shi, su ma shiga cikinsa. A wancan lokaci ƙura da hayaƙin taba ne ke fito da siffar. Yanzu na'urar hazo ake kunnawa.

Adana irin waɗannan ayyuka na da wuya. Dogayen fitilun kanti da Dan Flavin ya fara aiki da su kaɗai a 1963 suna mutuwa, dole gidajen tarihi su riƙa neman irinsu don sauyawa.