Bob Dylan: amsar tambayoyin da kuke ta maimaita mini

Shi ne Bob Marley?

A'a. Marley ɗan Jamaika ne. Dylan Ba'amurke ne, an haife shi a Duluth ta jihar Minnesota a 1941, sunansa na asali Robert Zimmerman. Don Allah a daina haɗa su.

Ai muryarsa ba daɗi.

Ba don zaƙin murya ake zuwa wurinsa ba, baiti ake bi. Ku ƙara haƙuri, kunne yana sabawa.

Da wane faifai zan fara?

Wannan ya danganta da ƙarfin Turancinka da kuma abin da kake nema. In Turancin bai zauna sosai ba, ɗauki The Freewheelin' Bob Dylan na 1963. Yawancinsa shi kaɗai ne da gita da harmonika, kalmomi na fita tar, kuma a ciki "Blowin' in the Wind" take. In kiɗa mai ƙarfi kake so, to Highway 61 Revisited na 1965, inda "Like a Rolling Stone" take, waƙar da ta kai minti shida a lokacin da gidajen rediyo suka saba da uku. Sai dai baitocin faifan cike suke da habaici da zaurance, har Turawan ma gardama suke yi kan ma'anarsu, kada ranka ya ɓaci in ba ka gane ba. Wasu za su ce Blood on the Tracks na 1975, ni ma ba zan musa ba, amma a ganina wanda ya taɓa rabuwa da masoyi ya fi jin sa. Abin da dai ba na so shi ne ka fara da bidiyon wasanninsa na baya-bayan nan. Yana sauya karin tsofaffin waƙoƙinsa har masoyansa su kasa gane su.

Me ya sa aka yi masa ihu a Newport?

Saboda a 1965, a bikin waƙar gargajiya na garin Newport da ke Amurka, ya hau dandamali da gitar lantarki da makaɗa. Masu son waƙar gargajiya sun ɗauke shi bakinsu a gwagwarmayar 'yancin baƙar fata, sai wasunsu suka ga ya juya musu baya. Ni ina bayansa, mawaƙi ba bawan masu sauraro ba ne.

Da gaske ya ci Nobel?

Ƙwarai, ta adabi, a 2016. Bai halarci bikin ba, mawaƙiya Patti Smith ce ta rera waƙarsa a wurin bikin a Stockholm, babban birnin Sweden.

Ya daina waƙa?

Ina! A 2020 ya fitar da Rough and Rowdy Ways yana ɗan shekara 79.