Cutar Haɗewa (a ƙagaggun labarai)

Cutar haɗewa lalura ce da marubutan ƙagaggun labarai ke ƙirƙira wa halittar da aka samu bayan an cakuɗa mutum biyu ko fiye suka koma jiki ɗaya da hankali ɗaya. Babu likitan da ya taɓa ganin ta. An fi cin karo da ita a labaran ƙagen kimiyya da na sihiri, kuma ba ta da suna guda, kowane marubuci da abin da yake kiranta.

Yadda take samuwa

Hanyar da aka fi sani ita ce kuskuren na'urar da ke ɗauke mutum daga wuri ta sauke shi a wani wurin cikin ƙiftawar ido. A fim ɗin The Fly na 1986, wanda David Cronenberg ya ba da umarni, ƙuda ya faɗa cikin irin wannan na'ura tare da masanin kimiyya Seth Brundle, sai kwamfuta ta gauraya ƙwayoyin halittarsu. Da farko yana jin ƙarfi da kuzari, daga baya farce da haƙora suka fara zubewa, tausayinsa ma ya bi su.

Hanya ta biyu ba ta taɓa jiki, hankali take ci. A jerin littattafan Dune na Frank Herbert, Alia ta gaji tunanin kakanninta tun tana ciki, saboda mahaifiyarta ta sha Ruwan Rai, wata guba mai buɗe tunanin magabata, tana ɗauke da juna biyu. An haife ta da taron muryoyi a ka, kafin ta san wace ce ita kanta. A Children of Dune na 1976, muryar kakanta Baron Harkonnen ta yi mata alkawarin rufe bakin sauran, daga nan ta mallake ta baki ɗaya.

Alamomi

Mai cutar kan tuna yarinta biyu da ba sa jituwa. Harshensa na sarƙewa tsakanin "ni" da "mu". Hannunsa ya iya aikin da bai taɓa koya ba, kuma yakan ga fuska ɗaya zuciyarsa ta so ta, ta kuma ƙi ta a lokaci guda. Wannan ta ƙarshen ce ta fi ciwo, domin dangi ma cutar na taɓa su: mace ta kalli baƙon da ya san duk sirrin aurenta, amma ba mijinta ba ne.

Magani da rigimarsa

A nan batun ya fi nauyi. Maganin da labaran suka sani kusan ɗaya ne, wato a raba waɗanda suka haɗe. Amma idan sabuwar halittar ta riga ta yi suna da abokai, rabawar kisa ce. A 1996 shirin talabijin na Star Trek: Voyager ya nuna wani kashi mai suna Tuvix, inda na'urar sufuri ta haɗe Tuvok da Neelix, ma'aikata biyu na jirgin sararin samaniyar. Wanda ya fito, wato Tuvix, lafiyarsa ƙalau, ya iya aikin dukansu biyu. Da aka gano hanyar raba shi, ya ce yana son ya rayu. Likitan jirgin ya ƙi taɓa shi ba da yardarsa ba, Kyaftin Janeway ta aiwatar da rabawar da hannunta. Har yau masu kallo ba su daina gardama a kai ba, kuma suna da dalili, tunda Tuvix bai yi kukan wani ciwo ba. Waɗanda suka yi rashin mutum biyu ne suka ɗauke shi a matsayin lalurar da za a kawar.

Masanin falsafa na Ingila Derek Parfit ya tattauna irin wannan haɗewa da rabuwa a littafinsa Reasons and Persons na 1984. A ganinsa, ci gaban tunani da hali ya fi muhimmanci a kan tambayar ko mutumin nan shi ne na jiya.

Bambanci da lalurorin gaske

Bai kamata a rikita wannan ƙage da lalurar rarrabuwar ɗabi'a ba, wadda Ƙungiyar Likitocin Ƙwaƙwalwa ta Amurka ta sauya wa suna a 1994. A can mutum ɗaya ne jin kansa ya kasu, galibi bayan baƙar wahalar da ya sha yana ƙarami, kuma finafinan da ke mayar da irinsa dodo suna zaluntarsa.

Abin da ya fi kusa da haɗewa a zahiri shi ne lokacin da ƙwai biyu da aka yi wa baye daban suka manne a farkon ciki suka zama jariri ɗaya. Irin wannan mutum na ɗauke da tsarin ƙwayoyin gado iri biyu, amma hankalinsa ɗaya ne, kuma da yawa ba sa sanin haka sai gwajin jini ko na gado ya tona.