Ƙarar da lokaci ya shige: idan an gama kafa ƙarfen sabis kafin hukunci

Akwai hukuncin da ke ɗaure wa mutane kai. Alƙali bai ce kana da gaskiya ba, bai ce ba ka da ita ba, sai dai ya ce babu sauran abin da zai yanke, ya kori ƙarar. Wannan shi ake nufi da ƙarar da lokaci ya shige: abin da ake jayayya a kai ya riga ya wuce, ko an yi hukunci ba zai amfani kowa ba.

Rigimar ƙarfen sabis ta fi saurin faɗawa wannan hali. Mutanen unguwa su wayi gari su ga ana haƙa rami a filin da ke jikin katangarsu, an sauke rodi da siminti. Su garzaya kotu da roƙo guda tak: a hana kafa ƙarfen. Shari'a kuwa sai ta ci shekara ana ɗage zama, alhali aikin na makonni ne. Ranar sauraro ƙarfe ya miƙe, janareta na ta ruri, lauyan kamfani ya ce, "Ya mai shari'a, me ya rage a hana?" Ihu bayan hari ke nan. Haka ma idan hukuma ta soke izinin, ko kamfanin ya janye da kansa. A nan dai masu ƙara sun sami biyan buƙata, hukuncin ne kawai babu.

Ƙa'idar ta wuce batun gini. Dokar ta-ɓacin da Obasanjo ya ƙaƙaba wa Filato a 2004 ta wata shida ce, amma sai a 2006 Kotun Ƙoli ta kori ƙarar da aka shigar a kanta, cikin abubuwan da aka ambata har da cewa zancen ya riga ya wuce.

A ganina laifin yakan koma ga yadda aka tsara roƙon tun farko. Wanda ya nemi kotu ta ayyana cewa an saɓa ƙa'ida, a rushe ginin, a biya diyyar hayaƙi da ƙarar inji ko man dizal da ya tsiyaya cikin rijiya, ƙararsa tana nan da ranta ko an gama aikin. Batun tazara ma hujja ce da ake iya aunawa: ƙa'idar hukumar sadarwa ta ƙasa (NCC) ta 2009 ta sa mita 5 tsakanin ƙarfe da gidaje, ta hukumar kula da ƙa'idojin muhalli (NESREA) ta 2011 ta sa mita 10. Wannan ya fi zancen "yana jawo ciwon daji" tsayawa a gaban alƙali, don Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce babu gamsasshiyar hujja a kai. A kuma bincika mai ƙarfen, sau da yawa na kamfanonin da ke ba da hayar ƙarfen ne irin su IHS, ba na kamfanin layin waya ba.

Babban makami dai shi ne umarnin dakatar da aiki na wucin gadi, a nema tun ranar shigar da ƙara. Kamfanin da aka miƙa wa takardar ya kuma yi sauri ya ƙarasa ginin yana wasa da wuta. Tun shari'ar Ojukwu da gwamnan sojan Legas a 1986 Kotun Ƙoli ta ja kunne cewa ba a ɗaukar doka a hannu alhali magana tana gaban alƙali, kuma kotu na da ikon sa a rushe abin da aka gina cikin irin wannan gaggawa.